Zagayen Ƙafa a Birnin Shehu: Ziyara, Cimaka da Matsayin Fura da Nono a Yawon Buɗe Ido na Sakkwato

Tsakure

A manyan biranen Turai akwai wani nau'in yawon buɗe ido da ɗan jagora kan ja tawagar baƙi a ƙafa, yana nuna musu tsofaffin gine-gine, suna tsayawa nan da can suna ɗanɗana abincin gari da giyar inabin yankin. Wannan maƙala ta dubi yadda irin wannan zagaye yake zama idan aka kawo shi birnin Sakkwato, inda addini da doka suka haramta barasa. Maƙalar ta nuna cewa zagayen ba baƙon abu ba ne a garin, domin al'adar ziyarar Hubbaren Shehu da ta rakiyar baƙo sun daɗe da shimfiɗa hanyarsa. Ta kuma nuna cewa aikin da giyar inabi take yi wa Bature, wato haɗa ɗanɗano da ƙasa da tarihi, ƙwaryar fura da nono ce take yin sa a Sakkwato, kuma ita ce abubuwan da suke faruwa a karkara suka fi yi wa barazana.

1.0 Gabatarwa

Wanda ya je Bordo a Faransa, ko Fulorans a Italiya, ko Foto a Fotugal, zai ga tawagogin mutum goma ko goma sha biyu suna bin wani ɗan jagora lungu-lungu. Tafiyar takan ɗauki awa uku zuwa huɗu. A tsaya gaban coci a ji tarihinsa, a shiga shagon mai cuku a yanka wa kowa ɗan ɓalli, a gangara wani ɗaki na ƙarƙashin ƙasa a tsiyaya musu giyar inabi kala uku ko huɗu, ana gaya musu gonar da inabin ya fito da shekarar da aka tsinke shi. Abin da ake sayar wa baƙon ya wuce abinci da abin sha. Ana sayar masa da iƙirarin cewa garin yana da ɗanɗanon da babu shi a ko'ina. Faransawa sun ɗauki wannan iƙirari da muhimmanci har suka kafa masa hukuma a 1935, wadda take tantance sunan yankin da za a iya liƙa wa kowace kwalba. A 2010 kuma hukumar UNESCO ta sanya tsarin liyafar Faransawa cikin jerin al'adun duniya da ake adanawa.

Akwai wani abin lura a tarihin wannan sana'a. Thomas Cook, wanda ake dangantawa da ƙirƙiro tafiyar tawaga mai jagora da kuɗin shiga, ya shirya tafiyarsa ta farko ne a watan Yuli na 1841, inda ya kwashi kimanin mutum 500 a jirgin ƙasa daga Lesta zuwa Lafbara a Ingila domin halartar taron masu yaƙi da shan barasa. Ke nan giya ba ta cikin tushen sana'ar, daga baya aka jingina ta. Biranen Musulmi irin su Fas da Marakish da Istanbul sun tabbatar da haka, domin a can shayin na'ana'a da gahawa ne suke cike gurbin.

Jihar Sakkwato ta fara aiki da dokokin Shari'ar Musulunci a shekarar 2000, amma ƙyamar barasa a garin ta girmi wannan doka da kusan ƙarni biyu. Tambayar da maƙalar ta sa gaba ita ce: idan an cire kwalbar, me ya rage, kuma wa zai ba da labarinsa?

2.0 Ziyara ta Girmi Yawon Buɗe Ido

Muhammadu Bello ne ya kafa Sakkwato a 1809 a matsayin ribaɗi, a kan tudun da yake kallon mahaɗar Gulbin Rima da Gulbin Sakkwato, shekara guda bayan faɗuwar Alkalawa. Mahaifinsa Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya taso daga Sifawa ya tare a garin a 1815, a sashen da aka faɗaɗa masa ta yamma wanda ake kira Sabon Birni, kuma a nan ya rasu a watan Afrilu na 1817, aka rufe shi cikin gidansa. Tun daga lokacin ƙafa ba ta ɗauke daga wannan gida ba.

Daga cikin maziyartan farko da tarihi ya adana tsarin tafiyarsu akwai 'yan taru na Nana Asma'u (1793–1864). Mata ne daga ƙauyuka, tsofaffi da 'yan mata, suke tasowa a ƙafa ƙarƙashin shugabancin wata dattijuwa mai ilimi da ake kira jaji, wadda Nana take naɗawa da malfa da jan rawani. Sukan zo da sadakar hatsi da zuma da man shanu, su ɗauki karatu, su ziyarci Hubbare, su koma. Idan aka duba da kyau, dukan ginshiƙan zagayen da Turawa suke tallatawa suna nan: tawaga, jagora, tafiyar ƙafa, wurin da ake nufa, da abinci. Bambancin yana ga manufa, da kuma wanda yake riƙe da ƙwarya. A tafiyar 'yan taru baƙon ne yake kawo abincin, ya koma da ilimi.

Ɗaya jijiyar ita ce ta saukar baƙo. Lokacin da Hugh Clapperton ya iso Sakkwato a watan Maris na 1824, Waziri Giɗaɗo ɗan Laima, mijin Nana Asma'u, shi aka ɗora wa ɗawainiyarsa. Daga abin da Clapperton ya rubuta aka san cewa ganuwar garin tana da ƙofofi goma sha biyu da ake rufewa da faɗuwar rana. Ya dawo a 1826, ya rasu a garin a watan Afrilu na 1827. Heinrich Barth, wanda aka sani da Abdulkarim, ya leƙo garin a 1853 daga Wurno, inda Sarkin Musulmi Aliyu Babba yake zaune. Duk abin da waɗannan baƙi suka gani, sun gan shi ne ta inda masu masaukinsu suka bi da su. Bahaushe ya riga ya ce da ɗan gari akan ci gari.

Har yau wannan siffar ce ta fi yawa. Wanda yake zagaya baƙo a Sakkwato yawanci mai masauki ne, ko malamin makaranta da ya kawo ɗalibai, ko ɗalibin Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da abokinsa ya zo daga Kano ko Ilori, ko kuma mai hidimar Hubbare. Mafi yawan baƙin ma ba Turawa ba ne: maziyarta ne daga sassan Nijeriya da Nijar da sauran ƙasashen da tutar Shehu ko littattafansa suka kai. Duk tsarin da za a yi wa zagayen ƙafa a garin, idan bai fara da waɗannan ba, an gina shi ne domin baƙon da ba zai zo ba.

3.0 Lokaci da Hanya

Rana ce take tsara tafiya a Sakkwato. Daga Maris zuwa Mayu zafi yakan haura maki 40 a ma'aunin Salshiyos, saboda haka tafiyar ƙafa bayan hantsi a bazara azaba ce. Lokacin da ya fi dacewa shi ne na hunturu, daga Nuwamba zuwa farkon Fabrairu, kuma a fito bayan sallar Asuba. A watan Azumi tsarin yakan juye baki ɗaya, a fara bayan La'asar a ƙare a kan tabarmar buɗa-baki.

Zangon farko na ciki ne. Da sassafe mai koko da mai ƙosai da mai waina ne suke riƙe da bakin titi. Koko daga gasarar gero ake dama shi, wato geron da aka jiƙa aka markaɗa aka tace aka bar shi ya kwana ya yi ɗan tsami. Ƙosai wake ne da aka surfa aka niƙa da albasa da attarugu, aka buga shi har ya tashi kafin a saka a mai. Waina kuwa ƙullun shinkafa ce da ya kwana ya kumbura, ake soyawa a tanda mai gurabu. Ɗan jagora mai basira zai iya buɗe darasin tarihi daga wannan karin kumallo kaɗai. Gero da wake 'yan asalin Afirka ta Yamma ne; masu binciken kayan tarihi na ƙarƙashin ƙasa sun gano alamun noman gero a kwarin Tilemsi na ƙasar Mali da suka kai kimanin shekara 4,500. Shinkafa ma tana da jinsin Afirka wanda aka fara nomawa a yankin Kogin Kwara tun kafin ta Asiya ta iso. Amma barkono da attarugu da gyaɗar da aka matse man suyar, duk daga nahiyar Amurka suka ƙetaro bayan ƙarni na 15. Ƙosai guda ɗaya yana ɗauke da nahiya biyu.

Daga nan sai ƙofofi. A nan ne baƙo yakan fara jin takaici, domin ganuwar da Clapperton ya gani ta tafi, gidaje da tituna sun cinye gurbinta. Abin da ya rage shi ne sunaye: Ƙofar Kaɗe, Ƙofar Rini, Ƙofar Marke, Ƙofar Taramniya, Ƙofar Kware, Ƙofar Ɗunɗaye, Ƙofar Atiku, Ƙofar Aliyu Jeɗo. Wasu sunayen na itatuwa ne, wasu na garuruwan da hanyar take fuskanta, wasu na mutane. Mai kabu-kabu ya san su a matsayin wuraren sauke fasinja. Aikin jagora ne ya mayar da su ƙofofi a idon mai sauraro, ya nuna inda birni ya tsaya a da, da ta inda ayarin fatake yake shigowa.

Zuciyar zagayen ita ce tazarar da take tsakanin Fadar Sarkin Musulmi a Kanwuri, da Masallacin Bello, da Masallacin Shehu, da Hubbare. Wurare ne da ƙafa take iya haɗawa ba tare da mota ba. Masallatan biyu an sake gina su da siminti a ƙarni na 20, don haka wanda ya zo neman ginin ƙasa na zamanin masu jihadi ba zai same shi a nan ba. Wurin ne na asali, ba ginin ba, kuma gaskiya ta wajabta a gaya wa baƙo haka. A kusa da fada akwai shiyar Giɗaɗawa, mazaunin zuriyar Waziri Giɗaɗo, gidan da ya fitar da Waziri Buhari wanda ya tsaya wa jama'ar gari bayan yaƙin Giginya na 15 ga Maris 1903, lokacin da Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya ya yi gabas har ya yi shahada a Burmi a watan Yuli na shekarar. Gidan ne kuma ya fitar da Waziri Junaidu (1906–1997), wanda Murray Last ya dogara da taskar littattafansa wajen rubuta littafinsa kan Daular Sakkwato da ya fito a 1967, wanda kuma aka sa wa hukumar adana tarihi da al'adu ta jihar sunansa.

A Hubbare ba a cin komai, ba a ɗaga murya. Ana cire takalmi, mace ta rufe jikinta, a yi sallama ga masu hidima da girmamawar da ta dace, a ce wa dattijo "Baba", a ce wa malami "Allah ya gafarta Malam". A nan Shehu yake kwance, da wasu daga cikin iyalansa har da Nana Asma'u, da wasu Sarakunan Musulmi. Muhammadu Bello ba ya cikinsu, domin a Wurno ya rasu a 1837 kuma a can kabarinsa yake; kuskure ne da 'yan rakiya marasa karatu sukan yi. Akwai kuma saɓanin malamai da bai kamata a ɓoye ba. Tun bayan kafuwar ƙungiyar Izala a Jos a 1978 muhawara ta tsananta kan abin da ya halatta a yi a wurin kabari, kuma tawaga ɗaya tana iya haɗa mai ganin ziyarar neman albarka ce da mai ganin wa'azi ce kawai da addu'a ga mamaci. Jagoran da ya san aikinsa yakan tsaya ga abin da ya tabbata na tarihi, ya bar fatawa ga ma'abotanta.

4.0 Kasuwa

Bayan Hubbare hanya takan karkata zuwa Tsohuwar Kasuwa da unguwannin masu sana'a, irin su Maƙera Assada. Zaman maƙera da majema da marina a cikin birni ba haɗari ba ne. Muhammadu Bello ya ɗauki raya sana'o'i da kasuwanni a matsayin aikin shugaba, kuma ya rubuta haka a Usulus Siyasa, nasihar da ya aika wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje. Shehu kuwa a Kitabul Farƙ ya lissafa ɗibar nama daga hannun mahauta, wadda ake kira tawasa, cikin zaluncin sarakunan da ya yi wa tawaye. Wanda yake tsaye gaban teburin mahauci a Sakkwato yana tsaye ne a kan ɗaya daga cikin ƙorafe-ƙorafen da suka haifi daular.

Jar akuyar Sakkwato, wadda a Nijar ake dangantawa da Maraɗi, ita ce ta kai sunan garin Turai tun kafin Turawa su san inda yake. Ana jeme fatarta da bagaruwa, a rina ta da karan dafi, fatake su ƙetara Sahara da ita, ta isa hannun masu yi wa littattafai bango a Turai da sunan fatar Maroko. Wannan darasi ne da ya shafi abinci kai tsaye: kayan na Sakkwato, sunan na wani. Jamhuriyar Nijar ta farga da haka, ta yi wa kilishinta da jar albasar Galmi rajistar sunan asali a hukumar kare haƙƙin fasaha ta ƙasashen Afirka da ake kira OAPI, kwatankwacin abin da Faransa ta yi wa inabinta. Albasar fadamun Rima da tafarnuwar Wurno da Goronyo, waɗanda manyan motoci suke kwasa zuwa kudu, suna isa Legas ne a matsayin "albasar Hausa" kawai.

Kilishi ya cancanci a tsaya masa, domin fasaha ce ta ƙasar da rana ta yi yawa kuma firji bai zo ba. Ana fiɗar tsokar da ba kitse a yanka ta fale-fale, a shanya ta bushe, a tsoma ta cikin labu, wato tunkuzar gyaɗa da aka dama da citta da kanumfari da masoro da barkono da albasa, a sake shanyawa, sannan a nuna wa wuta kaɗan. Guzurin matafiyi ne da yake yin watanni. Da rana kuma akwai tuwon shinkafa da miyar sure, sunan da Basakkwace yake kiran yakuwa da shi, da hoce na dawa, da datun zogala. Baƙon da ya zo daga Kano zai gane a nan cewa kunnensa ma yana ɗanɗana wani abu, domin Sakkwatanci yana sauya sunayen abin da ya saba ci. Goron da za a miƙa masa bayan an ci abinci kuwa ragowar tsohuwar hanyar fatauci ce zuwa Gwanja da ƙasar Asante.

5.0 Ƙwaryar Hura

Basakkwace ba ya cewa fura, hura yake cewa, kuma a wurin mai hura ne zagayen yake samun abin da zai tsaya a gurbin kwalbar Bature. Akwai zoɓo da kunun aya da kunun zaƙi da kunun tsamiya, dukansu suna da daɗi a ranar zafi, amma ana samun su a kowane gari. Su ma suna da iyaka ta shari'a da masu yin su suka sani: abin da aka bari ya kwana biyu har ya fara kumfa ya kama hanyar zama wani abu dabam, kuma dawar da ake kunu da ita, ita ce dai ake burkutu da ita a inda ake yin sa. Tsamin nono na wani jinsi ne, na ƙwayoyin halittar da suke mayar da zaƙin madara tsami ba tare da sun haifar da maye ba.

Aikin fura yana da tsawo. A surfa gero a cire dusa, a wanke, a daka shi da citta da kanumfari da masoro ko kimba har ya zama gari. A yayyafa ruwa a cura manyan dunƙule, a jefa su cikin tafasasshen ruwa su dahu, a tsamo a zuba a turmi a kirɓa tun da zafinsu har su yi danƙo, sannan a cura ƙananan dunƙule a mirgina su cikin gari. Kowane mataki yana barin alama a baki. Furar da ba ta sha kirɓi ba takan yi gudaji, wadda citta ta yi wa yawa takan rufe ƙamshin gero, wadda aka gauraya da masara ko shinkafa takan yi fari ta rasa nauyi.

Nono kuma hawa-hawa ne. Kindirmo shi ne madarar da aka dafa aka bar ta ta kwanta da manta a ciki, mai kauri da maiƙo. Tsala ita ce wadda aka kaɗa aka cire man, mai ruwa-ruwa da tsami. Ɗanɗanon yana bin shekara: da damina, lokacin da ciyawa take ɗanya, nono yakan yawaita ya yi maiƙo ya yi araha, da bazara kuwa shanu su rame, nono ya yi wuya. Wanda ya iya sha yana gane kindirmon jiya da na yau, yana gane wanda aka tsawaita da ruwa, da wanda aka ƙara wa kauri da garin 'ya'yan kuka. Wannan ilimi ne na harshe da bai gaza na mai ɗanɗana inabi ba, sai dai ba a rubuta shi ba kuma ba a ba shi shaidar takarda. Za a iya jera wa baƙo ludayi uku, ɗaya na kindirmo, ɗaya na tsala, ɗaya na yogot ɗin kanti, ya ji bambancin da kansa.

Abin da ya sa wannan ƙwarya ta fi dacewa da Sakkwato shi ne abin da ta haɗa. Geron na manomi ne, nonon na makiyayi. Babu ɗayansu da zai iya damawa shi kaɗai. Tsohuwar ma'amala ce: shanu su kwana a gona bayan girbi su ci kara su bar taki, Bafulatana ta kawo nono ta koma da hatsi ko kuɗinsa. Birnin da malaman Fulani suka kafa, Hausawa da Zabarmawa da Adarawa da Buzaye suka cika shi, har harshen Hausa ya zama na fadarsa, yana da wannan siffa ta damu. Ɗalibin da aka zaunar a kan benci gaban mai nono, ya ce mata "Inna, a dama ta ɗari biyar", ya ga yadda take murje dunƙulen da bayan ludayi, ya fi saurin fahimtar dangantakar Hausa da Fulani fiye da wanda aka karanta wa babi guda a aji.

A nan ne kuma matsalar take. Rikicin 'yan bindiga da ya addabi gabashin jihar, a Isa da Sabon Birni da Rabah da Goronyo, inda aka kai wa kasuwar Goronyo mummunan hari a watan Oktoba na 2021, da ɓullar Lakurawa a Tangaza da Gudu, sun taɓa ɓangarorin ƙwaryar duka biyu. Manomi ya bar gonar da take nesa da gari, makiyayi ya rasa garkensa ko ya yi ƙaura da shi, kuma zargi ya shiga tsakanin mutanen da a da suke musayar taki da kara. Rufe iyakar Illela da Ƙwanni bayan juyin mulkin Nijar na watan Yuli 2023 ya ƙara datse zirga-zirgar dabbobi da ta maziyarta na wasu watanni. Idan madarar shanu ta yi wuya, madarar gari ta gwangwani da ta buhu ce take shiga ƙwarya. Ana iya tsamar da ita ta yi kama da nono, a dama ta da injin markaɗe a shago mai firji, baƙo ya sha ya yaba, alhali abin da ya sha madarar shanun wata nahiya ce.

6.0 Ɗan Jagora da Haƙƙin Masu Sana'a

Batun tsabta ba abin kunya ba ne a tattauna. Madarar da ba a dafa ba tana iya ɗaukar ƙwayoyin tarin fuka na shanu da na cutar bakkale, kuma ruwa ko ƙanƙarar da aka zuba wa fura sun fi furar kanta haɗari, musamman a shekara irin 2021 da kwalara ta bazu a jihohin arewa har da Sakkwato. Maganin ba shi ne a kauce wa mai ƙwarya a kai baƙo otal ba. Jagora ne zai san wadda take dafa madararta, ya zo da ruwan da ya amince da shi, ya riƙa komawa wurinta har ta san cewa tsabtarta tana kawo mata ciniki.

Akwai kuma haƙƙin wanda ake kallo. Yawancin furar da wainar da ake sayarwa a titi, matan aure ne suke yin su a cikin gida, yara ko 'yan aike su fito da su. Mai sana'ar ta ainihi tana bayan zaure, inda namiji baƙo ba ya wucewa. Wannan yana nufin cewa rabin ilimin cimakar garin mace ce kaɗai za ta iya kai baƙuwa wurinsa, kuma jagora mace a Sakkwato tana da magabaciya a jajin Nana Asma'u. Ɗaukar hoton mai nono ko almajiri ba da izini ba, a watsa a Facebook ko TikTok, cin fuska ne da yake iya rufe ƙofar da aka yi shekaru ana buɗewa. Haka nan ɗanɗanon kyauta: duk ludayin da baƙo ya kurɓa a biya shi.

Abu na ƙarshe shi ne ingancin labarin. UNESCO ta amince da bikin kamun kifi na Argungu a 2016 da Hawan Sallar Kano a 2024, tsohon birnin Agadas ya shiga jerin wuraren tarihi na duniya a 2013, kufan Surame da yake cikin Jihar Sakkwato kuma yana jerin masu jiran tantancewa tun 2007. Duk waɗannan sun samu ne bayan an tattara bayanai an rubuta. Sakkwato tana da kayan aikin: akwai sassan Tarihi da na Harsunan Nijeriya da Cibiyar Nazarin Hausa a jami'ar da aka kafa a 1975, akwai rubutattun takardun hukumar Waziri Junaidu, akwai dattawan Giɗaɗawa da na Sabon Birni. Ɗalibin da ya rubuta kundin digiri kan sunayen ƙofofi ko kan kalmomin sana'ar fura a Sakkwatanci ya riga ya yi rabin horon ɗan jagora, sauran rabin kuwa a bakin tsofaffin da suke kirɓa furar yake, kuma ba a fara naɗar muryoyinsu yadda ya kamata ba.